Sofiya da Safiya: suna ɗaya ne ko biyu? Ina neman ma'ana da asali kafin ranar suna

Abu Walida ya rubuta:

Assalamu alaikum 'yan'uwa. Allah ya sauki maiɗakina lafiya, mun samu 'ya mace, ga ranar suna ta matso. Mai jego tana son a sa wa yarinya Sofiya. Hajiyarmu ta ce ai Safiya ce 'yan boko suka lanƙwasa, a raɗa Safiya kawai a huta. Wani ɗan'uwa kuma ya ce sunan wata waliyyiyar Kiristoci ne, har ya ƙara da cewa gunkiyar Girkawa ce. Ina roƙon masu sani su warware mini. Mene ne ma'anar Sofiya, daga ina ya fito, kuma da shi da Safiya abu ɗaya ne? Ya halatta Musulmi ya sa wa 'yarsa? Da gaske ne shi ne sunan mata mafi yawa a duniya yanzu? In an sa, yaya za a rubuta shi a takardar haihuwa?

Ɗan Zazzau ya amsa:

Wa alaikumus salam. Barka da arziki Malam, Allah ya raya, ya ba mai jego lafiya.

Sunaye biyu ne, daga harsuna biyu da ba su haɗa kaka ba. Kama da wane ba ta wane. Safiya daga Larabci ta fito, zan bar wa malaman Larabci bayaninta. Sofiya kuwa kalmar Girkanci ce tsantsa, σοφία, ma'anarta hikima. Tushenta sophos, wato mai hikima ko gwani.

Da farko ma gwanintar hannu kalmar ke nufi. A waƙar Iliyad ta Homa, wadda ke cikin mafi tsufa a adabin Girkawa, sau ɗaya tak kalmar ta fito, kuma a kan masassaƙin katakon jirgin ruwa ta fito, mutumin da ya san yadda zai ja zare ya fitar da katako a miƙe. Daga baya ne ta hau zuwa hikimar tunani, har Aristotal, babban masanin falsafar Girka, ya keɓe ta ga sanin asalin abubuwa da dalilansu, ya ba dabarar tafiyar da rayuwar yau da kullum wata kalma daban. Bahaushe ma ya daɗe yana furta ta. Girkawa na cewa philosophia, son hikima. Larabawa suka mai da ita falsafa lokacin da ake fassara littattafan Girka a Bagadaza zamanin Abbasiyawa, mu kuma muka aro daga wurinsu. Wannan "safa" da ke wutsiyar falsafa ragowar sofiya ce.

Yadda kalma ta zama sunan mace, wannan aikin zamanin Kiristanci ne, kuma ta hanya biyu da mutane ke yawan cakuɗawa.

Ta farko ita ce labarin wata mata mai suna Sofiya da 'ya'yanta mata uku, Pistis, Elpis da Agape, wato Bangaskiya, Bege da Ƙauna. Labarin ya ce an kashe yaran saboda addininsu a zamanin sarkin Rum Hadiriyan, wanda ya yi mulki daga 117 zuwa 138, uwar kuma ta rasu a kan kabarinsu. Masana tarihi da yawa na shakkar ko hakan ya faru, domin sunayen huɗu duk sunayen halaye ne, sun fi kama da misali. Ko ma dai yaya, cocin Otodoks na tunawa da su ranar 17 ga Satumba, kuma a Girka wannan ce ranar da duk wata Sofiya ke karɓar gaisuwa da kyauta. Rashawa sun fassara sunayen yaran zuwa Vera, Nadezhda da Lyubov, suka bar na uwar yadda yake. To, ɗan'uwan da ya ce sunan waliyyiya ne bai yi ƙarya ba.

Ta biyu ita ce majami'u. Babban ginin nan na Istanbul, Aya Sofiya, ba sunan wata mata ya ci ba. Ma'anarsa Hikima Mai Tsarki, wato hikimar Allah, wadda a aƙidar Kirista suke nufin Almasihu da ita. Sarki Jastiniyan ya gina shi tsakanin 532 da 537. Ya zama masallaci a 1453 bayan Sultan Muhammad na Biyu ya ci birnin, aka mai da shi gidan tarihi da dokar 1934, aka sake mai da shi masallaci a 2020. An gina wasu majami'u masu wannan suna a Kiyef da Nobgorod a ƙarni na 11. Babban birnin Bulgeriya ma daga wata tsohuwar majami'a da ke cikinsa ya samu sunan Sofiya, a da Serdika ake kiransa, sannan Sredets.

Daga nan sai gidajen sarauta suka ɗauka. Matar sarki Jastin na Biyu, wanda ya hau gadon Rum ta Gabas a 565, Sofiya ce. Gimbiyar da Iban na Uku na Mosko ya aura a 1472, 'yar ɗan'uwan sarkin Rumawa na ƙarshe, da wannan suna aka san ta a Rasha. Sarauniya Katarin ta Rasha, da Sofi aka raɗa mata a Jamus a 1729, sai da ta shiga cocin Otodoks aka canza. Wadda ta fi tasiri a Ingila ita ce Sofiya ta Hanoba. Dokar gadon sarauta ta 1701 ta keɓe kujerar ga ita da zuriyarta mabiya Furotesta. Ta rasu a watan Yuni 1714, saura 'yan makonni ta gaji Sarauniya An, sai ɗanta Joj na Ɗaya ya hau. Har yau sarakunan Ingila daga tsatsonta suke. In kuma ana neman wadda sunan ya bi, ga Sofiya Kobalebskaya 'yar Rasha, wadda ta samu digirin digirgir a lissafi a 1874, ta zama farfesa a Sitokholm a 1889, lokacin da yawancin jami'o'in Turai ba sa ko karɓar mata.

Batun gunkiya kuwa, a nan an zarce. Allahiyar hikima a wurin tsoffin Girkawa Atina ce, ita aka gina wa ɗakunan bauta. Gaskiya ne masu sassaƙa sun riƙa siffanta halaye da surar mata, akwai mutum-mutumin Sofiya a gaban ɗakin karatun Selsus a Afisa tare da wasu uku masu wakiltar nagarta da tunani da ilimi. Akwai kuma wasu ƙungiyoyi a ƙarni na 2, 'yan Ginostik, da suka ɗauke ta wata halitta ta sama a cikin aƙidarsu, su ma cocin ya ƙaryata su. Amma kalmar ta riga duk wannan, kuma Bagirke na amfani da ita yau kamar yadda kake cewa hikima.

Malamin Nahawu ya amsa:

Allah ya raya mana, ya sa mahaddaciya ce. Malam Ɗan Zazzau ya yi bayani mai kyau, bari in ɗora daga ɓangaren Larabci.

Safiyya ana rubuta ta صفية, sodi da fa da ya mai shadda da ta kuri. Tushenta ص ف و, wanda ke ɗauke da ma'anar tacewa da tsabta. Safiyya ita ce tatacciya, zaɓaɓɓiya, aminiya ta ƙut da ƙut. Daga wannan tushe Mustafa ya fito. Masu sunan da muke koyi da su biyu ne fitattu: Uwar Muminai Safiyya bint Huyayy, wadda Manzon Allah (SAW) ya aura bayan Khaibar a shekara ta 7 bayan hijira, da gwaggonsa Safiyya bint Abdulmuɗɗalib, 'yar'uwar Sayyidina Hamza, mahaifiyar Zubairu ɗan Awwam. Kada kuma a haɗa sunan da safiya ta wayewar gari. Waccan Hausa ce, daga safe, wasalinta na farko dogo ne. Na sunan gajere ne.

Sofiya kuwa Larabawa na rubuta ta صوفيا. Ku lura da wau bayan sodi, da alif a ƙarshe. A nan kuskure biyu ke faruwa a makarantun Islamiyya. In malama ta cire wau, yarinya ta koma Safiyya. In ta sa wau amma ta rufe da ta kuri, صوفية, to ta rubuta Sufiyya, wato sufanci ko sufaye. Haka nan Safiyya na karɓar "tu" irin ta Hausa, Safiyatu, kamar Aishatu da Hafsatu, domin da ta kuri ta ƙare. Sofiya ba ta da wannan harafi, don haka "Sofiyatu" gini ne ba bisa tushe ba.

Tunda maganar sufanci ta shigo: Al-Biruni, wani masanin Musulmi na zamanin da, ya taɓa cewa kalmar sufi daga sofiya ta Girka ta fito. Mafi yawan masana ba su bi shi ba, sun ce daga suf take, gashin tumaki da masu gudun duniya ke sawa. Hujjarsu mai ƙarfi ce. A tsoffin kalmomin aro na wannan tushe, harafin "s" na Girkanci da sin aka rubuta shi, kamar falsafa da safsaɗa, ita kuwa sufi da sodi take.

Hukunci. Abin da aka haramta a suna sananne ne: bautantarwa ga wanin Allah, sunan da ya keɓanta ga Allah, sunan gunki. Abin da aka ƙi shi ne mummunar ma'ana da yabon kai. Manzon Allah (SAW) ya canza sunan wata 'yar Sayyidina Umar daga عاصية, mai saɓo, zuwa Jamila, ya canza Barra zuwa Zainab saboda tsarkake kai da ke cikinsa. Kasancewar suna ba na Larabci ba, shi kaɗai bai hana shi. Ibrahim da Isma'il da Ishaƙ malaman nahawu duk a sunayen ajami, wato waɗanda ba na Larabci ba, suka lissafa su, kuma Mariya Baƙibɗiya, mahaifiyar Ibrahim ɗan Manzon Allah, da sunanta ta zauna. Ma'anar Sofiya kuma ba ta da aibi, Allah da kansa ya ce wanda aka ba hikima an ba shi alheri mai yawa, aya ta 269 a Suratul Baƙara.

Inda malamai suka rabu shi ne kamanceceniya. Wasu sun ƙi duk sunan da ya zama alamar wani addini, ko wanda aka ɗauko don kwaikwayon 'yan fim da mawaƙa. Wasu sun ce suna in ya game al'ummai har ba a gane addinin mai shi da jinsa, ya fita daga wannan babi. Sofiya ya yaɗu tsakanin Musulmin Maroko da Maleshiya, kuma Daular Usmaniyya ta yi kusan shekara 500 tana sallah a Aya Sofiya ba ta canza wa masallacin suna ba. Ni dai ba zan ce haram ba, domin ban ga hujjar da ta kai can ba. Amma in ka tambaye ni wanne ya fi, Safiyya zan ce, saboda yarinya za ta tashi da uwa da za ta yi koyi da ita. In kuma ma'anar ce ta burge mai jego, akwai Hikima, akwai Hakima, kowanne ya ɗauke ta cif. Ka kai maganar gaban malamin da kake sallah a bayansa kafin ranar, kada sai an taru.

Ɗan Zazzau ya ƙara:

Na gode Malam. Ƙari kaɗan kan furuci, domin shi ke haifar da ruɗanin Hajiya. Hausa ba ta yarda wasali biyu irin "i" da "a" su zauna a jere ba, shi ya sa muke cusa "y", Sofia ta zama Sofiya, kamar yadda Maria ta zama Mariya. Da zarar an yi haka, tazararta da Safiya harafi ɗaya ce. A Sakkwato da Katsina da yawancin Nijar kuma, inda tafiya ke zama tahiya, za ka ji Sohiya da Sahiya. Kunnen da ya saba da ɗaya zai ji ta ko da ɗayar aka faɗa. Shi kuma "ph" na Sophia, Rumawa ne suka rubuta harafin Girkanci φ haka, don a lokacin ana furta shi kamar "p" mai iska. Daga baya ya koma "f". Italiyawa da Sifaniyawa suka bi furuci suka rubuta Sofia, Ingilishi da Faransanci suka riƙe tsohon rubutu.

Maman Ilham ta amsa:

Barka Malam, a gaida mai jego da jaririya. Zan taɓa tambayar farin jini, domin abin da ke yawo a Facebook rabinsa gaskiya ne.

Amurka ce ke da lissafi mafi tsawo da kowa ke iya dubawa. Hukumarsu ta SSA, mai ba 'yan ƙasa lambar fansho, tana da jerin sunayen jarirai tun daga 1880. Sophia na cikin jerin tun farko, ya yi ƙasa sosai a tsakiyar ƙarni na 20, ya shiga ɗari na farko a ƙarshen shekarun 1990, ya shiga goma na farko a 2006, ya zama na ɗaya a 2011, 2012 da 2013. Emma ta karɓe a 2014, Olivia ta karɓe a 2019. A shekarun da yake kan gaba, jarirai sama da 20,000 ake sa wa a shekara. Adadin kamar da yawa, amma 'ya'ya matan da ake haifa a can sun kusa miliyan 2 a shekara, don haka kashi 1 ne da ɗoriya cikin ɗari. A 1880 Mary kaɗai ta kwashe kusan kashi 7. Wato na ɗaya a yau bai kai na ɗaya a da ƙarfi ba, domin iyaye sun bazu cikin dubban sunaye.

Wani abu da masu kwafo jadawali ba sa lura da shi: hukumar na lissafa kowane rubutu daban. Sophia layinta daban, Sofia daban, Sophie daban. In aka haɗa su, sunan ya fi yadda jadawali ke nunawa ƙarfi, kuma Sofia mai "f" yawancinta daga iyalai masu jin Sifaniyanci take. Jamus kuma akasin haka ne. Ba gwamnati ke fitar da jerin ba, wata ƙungiyar kula da harshen Jamusanci ce ke tattarawa daga ofisoshin rajista, tana haɗa rubuce-rubuce masu furuci ɗaya, kuma ta daɗe tana ƙirga har da suna na biyu. Shi ya sa Sophie da Marie suka yi shekaru a sama, alhali da yawa daga masu sunan ba da shi ake kiransu ba. A Italiya, tun wajen 2010 Sofia ce ke kan gaba a yawancin shekaru. A Sikotilan Sophie ta riƙe na ɗaya daga 2005 zuwa 2013.

Maganar "na ɗaya a duniya" ta samo asali ne daga wani nazari da Laura Wattenberg, mai bibiyar sunaye a Amurka, ta yi a 2015. Ta tattara jerin ƙasashe 49, ta ga Sofiya da 'yan'uwanta ne kan gaba a tara daga ciki. Aikin ba shi da laifi, fassarar da aka yi masa ce ta wuce gona da iri. Ƙasashen da ke fitar da irin wannan jeri yawancinsu na Turai da nahiyar Amurka ne. Ƙasashen da suka fi haihuwa, irin Indiya da Pakistan da Nijeriya, ba sa fitar da shi a wannan tsari. A ƙasar Hausa ba sai an ƙirga ba, rajistar kowane aji ta isa: Fatima, Aisha, Maryam, Khadija, Zainab, Hauwa, Amina. Safiya na biye da su daga nesa, Sofiya kuwa baƙuwa ce har yanzu. Abin da za a iya faɗa da gaba gaɗi shi ne, suna kaɗan ne suka ratsa harsuna da yawa kamarsa: Zofia a Folan, Zsófia a Hangari, Sofya a Rasha. Soniya ma sunan shagwaɓa ne da Rashawa ke yi wa Sofya, ya fita ya zama suna mai zaman kansa.

Dalilin tashinsa, abu uku nake gani. Yana da sauƙin faɗa a kowane baki, don haka ma'auratan da harshensu ya bambanta ke sulhu a kansa. Ya dace da yayin sunaye masu yawan wasali da ke ƙarewa da "a", irin Emma, Mia, Olivia, Isabella. Kuma sunan kakannin kakanni ne, ya yi tsufan da ya sake zama sabo. Masu cewa katun ɗin Disney na gimbiya Sofia ne ya kawo shi sun juya lissafi, domin katun ɗin a ƙarshen 2012 ya fara, sunan kuwa ya riga ya hau na ɗaya a 2011.

Baba Afiniki ya amsa:

Ina taya ka murna ɗan'uwa, Ubangiji ya raya yarinya. Ni Kirista ne, kuma ina so in gyara abu ɗaya da mutane ke zato. Babu wata mace mai suna Sofiya a Littafi Mai Tsarki. Kalmar na nan da yawa a Sabon Alkawari, wanda da Helenanci, wato Girkanci, aka rubuta shi, amma a matsayin hikima, kuma haka aka fassara ta a Hausa. A Tsohon Alkawari kalmar Ibraniyanci ita ce hokma, 'yar'uwar hikma ta Larabci, kuma da Yahudawan Iskandariya suka fassara littattafan zuwa Helenanci sai suka sa sofiya a gurbinta. Shi ya sa a majami'un arewa, inda aka fi ɗauko suna kai tsaye daga Littafi, Sofiya ba ta da yawa. Ta fi zama a wurin Otodoks da Katolika masu bin kalandar tsarkaka.

Sunayen Helenanci da muke da su tun tuni wasu ne. Dokas, barewa, wadda ake kira Tabita, tana Ayyukan Manzanni 9:36. Roda, fure, tana 12:13. Fibi, mai haske, tana Romawa 16:1. Sai Afiniki, uwar Timoti, a 2 Timoti 1:5, ma'anarsa kyakkyawar nasara. Bature na cewa Eunice, mu kuwa furucinmu ya bi na Littafin Larabci, wanda ya fi kusa da yadda Girkawa ke faɗa yau. Mutane da yawa a Kudancin Kaduna da Filato na ɗaukar Afiniki da Eunice sunaye biyu ne, alhali ɗaya ne. Ka ga, akasin matsalarka ke nan. A ɓangaren Musulmi ma, masana harshe da dama na ganin marjan, inda Murjanatu ta fito, ta shiga Larabci ne ta hanyar Aramiyanci daga margarites ta Helenanci, lu'ulu'u, tushen da ya haifi Margaret.

Akawun Rajista ya amsa:

Allah ya raya. Malamai sun gama nasu, saura takarda, kuma a nan ake shan wahala shekara goma sha bakwai bayan an cinye ragon suna.

Ku zauna kai da mai jego ku tsayar da rubutu ɗaya kafin kowa ya rubuta muku. Zaɓi uku ne: Sofiya, Sofia, Sophia. Sofiya ya fi dacewa da ƙa'idar rubutun Hausa, amma shi ya fi haɗari, domin a rubutun hannu "o" da "a" kan yi kama, kuma ma'aikacin da ya saba da Safiya zai ɗauka kuskure ka yi, ya gyara maka da kyakkyawar niyya. Sofia ma na iya komawa Safia. Sophia ne kaɗai ba ya rikiɗewa, saboda wannan "ph". In ni ne mai ba da shawara, duk wanda ya tabbata Sofiya yake nufi, ya rubuta Sophia a takardun hukuma, a gida a kira ta yadda baki ya saba. Na san Malam Ɗan Zazzau zai fi son rubutun Hausa, kuma yana da hujja, amma ni ɓarnar da ke faruwa a kan tebur nake dubawa.

Wurin farko da ake shigar da suna yawanci katin rigakafi ne, shi kuma ake kwafa zuwa takardar haihuwa ta Hukumar Ƙidaya ta Ƙasa. Doka ta ce a yi rajista cikin kwana 60 da haihuwa, kuma akwai ma'aikatan hukumar a asibitoci da sakatariyar ƙaramar hukuma. Ka rubuta sunan da manyan baƙaƙe a 'yar takarda ka miƙa, kada ka faɗa da baki. Kafin ka tashi daga gaban tebur, ka karanta harafi bayan harafi, har da sunanka da ranar haihuwa. Wannan takarda ita za a kai wurin yin lambar NIN, kuma tun 2021 JAMB daga NIN take ɗauko sunan ɗalibi. To a ce firamare ta rubuta Safiya, sakandare ta kwafa ta tura wa WAEC da NECO haka, NIN kuma na cewa Sophia. Ranar tantancewa a jami'a, a idon jami'in mutum biyu ne. Gyaran na buƙatar rantsuwa a kotu, da sanarwa a jarida, da neman canji a kowace hukuma daban tare da kuɗinta, kuma takardar sakamakon jarrabawa ita ta fi wuyar taɓawa. Maganinsa mai sauƙi ne: duk makarantar da za ta shiga, a kai hoton takardar haihuwa, a kuma duba sunan a katin sakamako na zangon farko.

'Yan'uwa na Nijar su ƙara lura, domin can da ƙa'idar Faransanci ake rubutu. Za a iya rubuta Sophie, ko Safia, ko Safiatou, ko Soufia, wanda Sufiya ake karanta shi. Kuskuren da ya shiga takardar haihuwa ta ofishin magajin gari, gyaransa sai an bi ta kotu.

Akwai masu raba gardama ta hanyar raɗa Safiyya a matsayin sunan yanka, a riƙa kiran yarinya Sofiya a gida, kamar yadda ake ɓoye sunan kaka da Ummi ko Walida. Wannan ba laifi, da sharaɗin takardu duka su ɗauki na yanka. Abin da ban so shi ne jera su biyu a fom, Safiya Sofiya, domin mai shigar da bayanai zai zaci maimaici ne ya goge ɗaya.

Abu Walida ya sake rubutawa:

Allah ya saka muku da alheri, kowa ya ba ni abin riƙewa. Zan karanta wa Hajiya da mai jego, mu ga wanda za a tsayar. Tambaya ɗaya ta rage. In an tsaya a kan Sofiya, yaya za a yi da liman ranar raɗin suna, kada ya faɗi wani abu daban a gaban jama'a?

Malamin Nahawu ya amsa:

Haƙƙin sa suna na uba ne, liman sanarwa yake yi da addu'a. Ka same shi tun daren jajibere, ka rubuta masa sunan da boko da ajami, صوفيا da wau da alif, ka faɗa masa ma'anarsa hikima ce, ba Safiyya kake nufi ba. In yana da ja a kai, gara ku yi ta a soro ku biyu. Sannan ka ja sanƙira gefe shi ma, domin muryarsa ce ke isa cikin gida wurin mata, kuma in ba a gaya masa ba Safiyatu zai kwarara. Mai yanka rago ma a faɗa masa sunan daidai kafin ya ɗora wuƙa.